Ƙofar Zamani Ba Ta Kai Mutum Kowane Zamani

Masu karanta ƙagaggun labaran kimiyya da yawa sun ɗauka cewa ƙofar ratsa zamani, da za a ƙera ta, za ta iya kai mutum duk lokacin da ya ga dama, ko da zamanin Fir'aunan Masar ne. Lissafin da marubuta suka aro wannan tunani daga gare shi bai faɗi haka ba.

Tushen maganar shi ne gadar da masana kimiyya Einstein da Rosen suka bayyana a 1935, wato wata hanya mai baki biyu da ke haɗa wurare biyu masu nisa. A 1988 masanin kimiyya Kip Thorne da abokan aikinsa suka nuna yadda irin wannan hanya, idan ana iya bi ta cikinta, za ta iya zama ƙofar zamani. A bar baki ɗaya a gida, a ɗora ɗayan a jirgin da ke gudu kusa da saurin haske, sai agogon bakin da ke jirgin ya riƙa tafiya a hankali, amma ta cikin hanyar bakunan biyu suna nan a lokaci ɗaya. Misali, idan an buɗe ƙofar a 2030, jirgin ya dawo a 2040 alhali agogon bakin da ya yi tafiya yana nuna 2031, to wanda ya shiga ta wannan bakin zai fito ta ɗayan a 2031, ya koma baya da shekara tara.

A nan iyakar take: ba zai taɓa isa 2029 ba, domin a lokacin babu ƙofar da zai fito ta cikinta. Kuma har yau ba a taɓa ganin irin wannan hanya a sararin samaniya ba, a takarda kawai take.