Ranar da Gwaggo Ta Ƙara Mini Shekara Biyar

Masu kirana tun shekaranjiya suna tambayar ko gaskiya ne abin da suka ji kan shekaruna a muryar da ɗan Gwaggo ya tura zauren WhatsApp na gida, ku dakata ku ji daga bakina. Shi ya yanke farko, ya yanke ƙarshe, ya bar muku inda ya fi yi masa daɗi.

A wurin aiki aka ce za a tantance ma'aikata, kowa ya kawo takardar haihuwa mai hatimi. Ni kuwa a gida aka haife ni, a lungunmu na Ƙofar Mazugal, a hannun ungozoma, ba wanda ya rubuta komai. Da na bincika aka ce tun dokar 1992 rajistar haihuwa tana hannun Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, amma ainihin satifiket ɗin na waɗanda ba su kai shekara 18 ba ne. Ƙato irina sai wani babba a dangi ya raka shi kotu ya rantse a kan shekarunsa, sannan ya haɗa takardar rantsuwar da lambar NIN ya kai musu, su ba shi takardar shaida. Baba ya rasu, Inna gwiwa ta hana ta fita, Yaya Babba kuwa kun san yadda muke da shi tun maganar filin nan. Saura Gwaggo.

Duk wata takarda da nake da ita a duniya, daga ta firamare har ta banki, 1 ga Janairu, 1988 ke jiki. Ba ni na zaɓa ba. Sai da na yi nisa a allo aka sa ni boko, kuma ranar cike fom ɗin jarrabawar shiga sakandare malaminmu jera mu ya yi a jikin bango, ya duba tsawon kowa ya yanka masa shekara. Rabin ajin nan ranar 1 ga Janairu aka haife su. Ni da Allah ya yi ni ɗan tsurut, na samu 1988, na karɓa na yi godiya. Yaro ba ya musu da malami, haka aka koya mana.

A cikin a-daidaita-sahu na yi wa Gwaggo bita. Na ce, "Gwaggo, in an tambaye ki, ki ce haka ne kawai, ki dangwala yatsa, mu dawo in saya miki tsire." Ta ce to. Ɗanta, wanda ba wanda ya gayyace shi, ya ce zai zo ya riƙe mata jaka.

Kafin a shiga wurin mai rantsarwa sai an buga takardar, a rumfunan masu kwamfuta da ke bakin harabar kotu. Muka samu rumfar wata yarinya mai kirki, da benci biyu cike da mutane: masu gyaran suna, masu ɓatan katin shaida, 'yan makaranta da fayil a hannu. Layi ya zo kanmu. Ta buga sunana, ta buga unguwa, sannan ta juya ga Gwaggo cikin ladabi ta ce, "Mama, ke ce mai rantsuwar ko? Zan rubuta kin shaida an haife shi ranar 1 ga Janairu, 1988."

Haka ne kawai za ta ce. Har na miƙa hannu aljihu zan ciro kuɗin bugu.

Gwaggo ta gyara mayafi ta ce, "'Yar nan, ni ban san Janairu ba. Abin da na sani, ranar sunan Ɗanladi ranar Malam Aminu Kano ya rasu."

Kun san muryar Gwaggo. Tun da kunnenta na hagu ya yi nauyi take ɗauka kowa ma haka yake. Har mai rake da ke tsallaken titi sai da ya waiwayo. Na taka mata ƙafa a hankali, ta ce, "Kai, ka taka ni," ta ci gaba. Wai an raɗa suna da sassafe, an yanka rago, mata sun ɗora tukwane, sai gari ya ɗauka Malam ya cika. Maza suka watse suka nufi gidan Malam a Gwammaja, masu kiɗan ƙwarya da aka riga aka ba kafin alƙalami ba su zo ba, tuwo ya kwana ya yi tsami, ita kuma sabuwar atamfar da ta ɗinka domin ranar ba wanda ya ko kalla. Har yau abin yana ranta. Yadda take kallona tana faɗa, kai ka ce ni na shirya.

A nan ne mutumin ya shigo maganar.

Wani dattijo ne a ƙarshen benci, da tabarau mai hannu ɗaya, ɗaya hannun an ɗaure da zaren lilo an zagayo da shi bayan kunne. Tun zuwanmu ya ari birona wai zai sa hannu a wani wuri. Tsohon ma'aikaci ne, ya zo rantsuwa a kan cewa sunaye biyun da ke takardun fanshonsa duk mutum ɗaya ne. Mutumin da shi ma bai gama tabbatar wa gwamnati ko shi wane ne ba. Ya yi gyaran murya ya ce, "Malam ya rasu ranar Lahadi, 17 ga Afrilu, 1983. Da ƙafa na taka har Gwammaja."

Ba wanda ya tambaye shi. Ina so a rubuta wannan a ajiye.

Ya juya bayan fayil ɗinsa, ya cire murfin birona da haƙori, ya fara lissafi da ƙarfi. In suna ya kama Lahadi 17 ga wata, haihuwa ta kama Lahadi 10 ga wata ke nan. "Shi ya sa Hajiya ta ce Ɗanladi. Magana ta zauna." Sai ya dubi wata ɗaliba da ke kusa da shi ya ce, "'Yata, duba mana a wayarki, 1 ga Janairu, 1988 wace rana ce?" Yarinyar, maimakon ta ce ba caji, ta duƙufa tana ja da baya wata bayan wata, benci biyu sun yi tsit ana jiranta. Ni ina tsaye, hannu a aljihu, gumi yana bin bayana. Ta ɗago ta ce, "Juma'a ce, Baba."

Ya zare tabarau ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "To, samari, ai da Ɗanjuma za a ce maka."

Aka fashe da dariya. Wani mai gyaran suna har da buga cinya. Na ce, "Baba, laƙabi ne kawai, a gidanmu ba a bin rana." Ban san cewa rami na haƙa wa kaina ba, domin Gwaggo ta ji kamar ana ƙaryata ta a gaban jama'a, ita kuwa ba a yi mata haka. Ta miƙe tsaye, ta ce in ana son wata shaida akwai. Shekarar da aka yi ruwan nan da dam ɗin Bagauda ya ɓalle, katangar bayan gidanmu ta faɗi. Sanyin da ya biyo baya aka tara mu za a yi mana shayi, mu biyar a zaure. "Yaran mutane kowa ya zauna ya daure. Wannan yana ganin wanzami ya buɗe zabira ya fice ta inda katangar ta faɗi. Sai a gindin Dala aka kamo shi, ba wando, yana kiran sunana."

Ba wando. Ta maimaita, saboda wata mata a benci na biyu ta ce ba ta ji ba.

Dattijon ya koma kan fayil. Ya ce Bagauda watan Agusta ne na 1988, yana da tabbas. "Ke nan bisa takardarka, kana ɗan shekara ɗaya ka yi gudu daga Ƙofar Mazugal har Dala. Allah mai iko. Da an kai ka gasar tsere da Najeriya ta samu zinare." Sai ya tambaye ni ko aikin gwamnati nake yi. Ban amsa ba, ɗan Gwaggo ya amsa mini, wayarsa a hannu yana nuna kamar saƙo yake dubawa. Dattijon ya ce ritaya shekara 60 ce ko 35 a bakin aiki, duk wadda ta riga zuwa. Ya rubuta 2048, ya ja layi a ƙasa, ya rubuta 2043, ya ɗaga fayil ɗin yana nuna wa mutane. "Albashin shekara biyar ke nan ake nema Hajiya ta dangwala wa yatsa."

Abin da ya fi ci mini rai da mutumin nan ba lissafin ba ne. Samarin nan da yake ta kirana ne, yana jan kalmar. Da kuma yadda yake tauna murfin birona. Biro ne mai kyau, na ƙarfe, wanda aka raba mana a wani taron bita, ban taɓa ba kowa aro ba sai shi, saboda furfurarsa. Kuma mutum ne da ka gani ka san ya yi zamani a ofis yana mayar da fayil ɗin mutane saboda an manta waƙafi. Irinsu ba sa yin ritaya, wurin zama kawai suke canjawa. Na tabbata takardarsa ta daɗe da fitowa, zaman bencin ne yake yi masa daɗi.

Na ɗauka an gama da ni, ashe sauƙi na tafe ta inda ban zata ba. Gwaggo ta dube shi ta ce, "Kai da ka ce ka je Gwammaja, ɗan taɓo ne kai ko ɗan santsi?" Wato ɓangarori biyun da jam'iyyar Malam, PRP, ta rabu: 'yan taɓo na Malam, 'yan santsi na Gwamna Rimi. Ya ɗan yi jim, ya ce shi dai gaskiya Rimi ya bi, har jam'iyyar NPP. Gwaggo ta tafa hannu ta ce, "Ashe ku ne! Kun bar Malam da ransa, ya rasu kun fi kowa kuka." Ya ce su PRP ɗin da suka tsaya me suka tsinana, Sabo Bakin Zuwo wata uku ya yi a kujerar gwamna soja suka kwashe kowa a ƙarshen Disamba. Ta ce wata ukun nan sun fi shekara huɗun Rimi albarka. Bencin ya rabe biyu, har 'yan makarantar da iyayensu ma ba su yi aure ba a lokacin suna sa baki. Na samu na ja jiki na koma bayan janareta na tsaya.

Yarinyar mai kwamfuta ce ta leƙo ta ce a hankali, "Yallaɓai, wanne zan buga?" Ita kaɗai ce a rumfar nan ba ta yi dariya ba, ko da yake na ga kafaɗarta tana rawa. Ta yi mini bayani: in ta buga 1983, ba zai dace da NIN ba, ba zai dace da BVN ba, balle takardun makaranta, sai na fara zuwa gyaran ranar haihuwa a NIN, da kuɗinsa da layinsa, sannan in bi sauran ɗaya bayan ɗaya. In ta buga 1988, sai Mama ta yarda ta tsaya gaban mai rantsarwa. Gwaggo da ba ta ji da kunnen hagu ta jiyo wannan daga tsakiyar rigimar siyasa. Ta ce, "Ni? Da girmana? Kullum kabari nake kusanta, Ɗanladi, ba za ka kai ni wuta a kan albashi ba."

Ana cikin haka man janareta ya ƙare, kwamfuta ta mutu da rabin sunana a ciki. Kafin yaron ya dawo da mai an kira azahar, Gwaggo ta ce ƙafarta ta gaji. Da muka zo tafiya na same ta ita da ɗan santsin suna raba goro, tana tambayarsa ko ya san wasu mutanen Gwammaja da aka yi zamani da su. Na tsaya ina kallon aljihun rigarsa, ga kan birona nan ya leƙo. Na buɗe baki zan yi magana ya riga ni: "Samari, a riƙa gaskiya." Na ce na gode, Baba.

Kafin mu kai Ƙofar Nasarawa muryar ta shiga zaure. Taubashi ne, ba ni da bakin magana, in na yi fushi ma cewa za a yi ban san wasa ba. Amma akwai ranar da zai zo neman aron mashin.

A gida, maiɗakina ba ta ce komai ba. Ta kawo abinci ta durƙusa har ƙasa, abin da rabonta da yi tun muna amarci, ta ce, "Sannu da zuwa, Baba. A dama maka kunu ko haƙoran za su iya tuwo?" A majalisa kuwa, mutum uku da nake ce wa Yaya, nake tashi in ba su kujera, suke aikena sayo shayi, duk ashe ƙannen bayana ne. Na ce sai a biya ni aiken da na yi a baya. Suka ce takarda ake bi, in kawo mai hatimi.

Ranar rufe tantancewar dai an ɗaga ta, ban san zuwa yaushe ba, sanarwar tana wayar da yara suka jefa a ruwa. Kawu na Fagge ya ce shi zai raka ni, amma an ce ya fi Gwaggo riƙe tarihi, kuma yana nan ranar Dala. Gwaggo ta aiko jiya wai ina tsirenta.