Kafin mu yi maganar tarayya, a fara gaya mana wa zai raba gardama

Maganar tsarin tarayya ta dawo bakin mutane a Maraɗi. Wasu suna yin ta ne saboda haɗakar ƙasashen Sahel, wato AES, da shugabannin Nijar da Mali da Burkina Faso suka sa wa hannu a Yamai ranar 6 ga Yulin 2024, ana hasashen wata rana za ta zama tarayya sosai. Wasu kuwa cikin gida suke nufi: a bar kowace jaha ta zaɓi gwamnanta, ta riƙe wani kaso na harajinta, kamar yadda ake gani a Katsina da zarar an wuce Ɗan Isa. Duka biyun magana ce da ta cancanci a zauna a kanta. Abin da ke damuna shi ne, a duk muhawarar nan da wuya ka ji an ambaci kotu. Ana ta lissafin wa zai samu me, ba a tambayar wa zai yanke hukunci ranar da gwamnatin tsakiya da jaha suka ce abu ɗaya nasu ne. Kuma ranar nan tana zuwa, babu tarayyar da ta tsallake ta.

A tsarinmu na ƙasa dunƙulalliya, ikon da jaha ko ƙaramar hukuma ke da shi aro ne daga Yamai. Doka ce ta ba su, doka kuma na iya karɓewa. Shi ya sa ake naɗo gwamna da perefe daga sama, shi ya sa kuma a watan Afrilun 2024 aka iya rusa majalisun da aka zaɓa da takarda ɗaya. A tarayya kuwa kundin tsarin mulki ne da kansa ya raba ikon gida biyu, babu ɓangaren da ya ara wa ɗan'uwansa. Kamar 'yan'uwa biyu ne da aka raba wa gonar gado aka dasa gamba a tsakani. Gambar ba ta hana garma ƙetarewa, sai in akwai wanda za a kira ya zo ya duba iyaka, kuma dukansu biyu sun yarda da maganarsa tun kafin a yi faɗan.

Mu ɗauki Nijeriya, tunda ita muka fi sani, kuma abin da ya same ta yana shigowa kasuwarmu kafin a gama faɗarsa a rediyo. Kundin 1999 ya jera abubuwa 68 da majalisar tarayya kaɗai ke yi wa doka, ciki har da tsaro, kuɗin ƙasa, duwan, ma'adinai da 'yan sanda. Akwai jeri na biyu da tarayya da jihohi suke tarayya a kai. Abin da ba a ambata a ko ɗaya ba, na jihohi ne. Sashe na 4 ya ce in dokar jiha ta ci karo da dokar tarayya da aka yi bisa ƙa'ida, ta tarayya ce a sama. To wa zai ce an ci karo? Wa zai ce an yi ta bisa ƙa'ida? Nan sashe na 232 ya shigo: rikici tsakanin tarayya da jiha, ko tsakanin jiha da jiha, kai tsaye Kotun Ƙoli ake kai shi, ba sai an bi ta ƙananan kotuna ba. Amma da sharaɗi. Dole rikicin ya shafi wani haƙƙi da doka ta sani, ba ƙorafin siyasa ba, kuma dole masu shari'ar su kasance gwamnatocin da kansu ta hannun antoni janar ɗinsu. Ɗan kasuwa ko ƙungiya ba su da wannan ƙofar.

Duk wanda ke sayar da kaya da naira a babbar kasuwar Maraɗi bai manta farkon 2023 ba. Babban bankin Nijeriya ya sanar a watan Oktoban 2022 cewa zai sauya takardun 200 da 500 da 1000, aka sa wa'adin 31 ga Janairu, aka ƙara zuwa 10 ga Fabrairu. Sabon kuɗi bai wadata ba, tsoho kuma ana gudunsa. Mai buhunan wake a hannu ya rasa wanda zai biya shi, 'yan canji suka riƙa sayar da naira da naira. Jihohin Kaduna da Kogi da Zamfara suka shigar da ƙara a Kotun Ƙoli, wasu suka biyo baya. Lauyoyin tarayya suka ce kotun ba ta da hurumi, wai wannan maganar babban banki ce, Babbar Kotun Tarayya ya kamata a je. In da an karɓi wannan hujjar, da an kwashe shekaru ana ɗaukaka ƙara, mutane na cikin wahala. Kotu ta ƙi. Ranar 8 ga Fabrairu ta ba da umarnin wucin gadi cewa kada a aiwatar da wa'adin, ranar 3 ga Maris ta yanke cewa tsofaffin takardun suna nan da ƙarfinsu har 31 ga Disamba 2023.

A lura da kyau, kotun ba ta ce kuɗi ya fita daga hannun tarayya ba. Yana cikin jerin nan na farko, babu mai musu. Abin da ta ce shi ne, ko abin naka ne, ba ka da ikon yin amfani da shi ba tare da isasshiyar sanarwa ba, ba tare da shawara da sauran sassan tarayyar ba. A ganina wannan shi ne aikin kotu mafi daraja a irin wannan tsarin, ya fi zana iyaka a takarda: tana tilasta wa mai ƙarfi ya tuna cewa ba shi kaɗai ke gidan ba.

Sai dai shari'ar nan ta kuma nuna inda gizo ke saƙa. Bayan umarnin 8 ga Fabrairu, shugaba Buhari ya fito ranar 16 ga wata ya ce a cikin tsofaffin takardun, ta 200 kaɗai za ta ci gaba da aiki. Bayan hukuncin ƙarshe ma sai da aka kwashe kwana goma kafin babban banki ya umarci bankuna su bi. Kotu ba ta da soja, ba ta da baitulmali. A Nijeriya ma 'yan sandan duka na tarayya ne, wato in an yanke hukunci a kan gwamnatin tsakiya, ita ake jira ta aiwatar da shi a kan kanta. Legas ta ɗanɗana wannan tun da farko. A 2004 shugaba Obasanjo ya riƙe kuɗin ƙananan hukumominta saboda ta ƙirƙiro sababbi 37. A Disambar shekarar Kotun Ƙoli ta ce sababbin ba su cika ba sai majalisar tarayya ta sa su a kundi, amma shugaban ƙasa ba shi da ikon riƙe kuɗin. An ci shari'a, kuɗi bai fito duka ba sai zamanin 'Yar'aduwa a 2007. Amurka ma da ake yawan misali da ita, a 1954 kotunta ta haramta raba makarantu tsakanin baƙi da farare, amma a 1957 sai da shugaba Eisenhower ya tura sojoji garin Little Rock kafin yara tara su shiga aji, don gwamnan jihar ya ƙi.

Kuɗi kuwa shi ne uwar rikicin. Asusun tarayyar Nijeriya ana raba shi ne kashi 52.68 cikin ɗari ga tarayya, 26.72 ga jihohi, 20.60 ga ƙananan hukumomi 774, bayan an cire aƙalla kashi 13 na arzikin ƙasa an mayar wa jihar da aka haƙo shi. A watan Afrilun 2002 sai da Kotun Ƙoli ta faɗi inda iyakar jihohin bakin teku ta tsaya, don a san ko man da ke cikin ruwa na cikin lissafinsu. Ta ce iyakarsu bakin ruwa ne. Jihohin suka yi kuka, a 2004 majalisa ta yi dokar da ta sassauta abin. Ban ga laifi a nan ba. Kotu ta faɗi abin da doka ta ce, 'yan siyasa suka koma suka daidaita. Mu da muke da uraniyom a Arlit, da fetur a Agadem, da kuɗin duwan a Ɗan Isa da Ƙonni da Gaya, irin wannan shari'ar ce za ta fara sallama ranar da aka ce tarayya.

Hukuncin 11 ga Yulin 2024 ya fi kusa da abin da ya dame mu, domin kan ƙananan hukumomi ne. Kundin ya ce kasonsu ya bi ta wani asusun haɗin gwiwa da jiha ke riƙe da shi, gwamnoni suka mai da shi aljihunsu, suka riƙa rusa zaɓaɓɓu suna naɗa kantomomi. Ƙaramar hukuma ba ta da ƙofar shiga Kotun Ƙoli kai tsaye, sai da antoni janar na tarayya ya maka jihohi 36 a madadinsu. Kotu ta ce a biya su kai tsaye, kuma wadda ba zaɓaɓɓiya ba kada a ba ta ko kwabo. Zuciyata tana tare da hukuncin, amma gaskiya kotun ta ja kalmomin sashe na 162 har sun kusa tsinkewa, kuma wanda ya ji daɗin jan yau yana iya kuka da shi gobe. Ga shi kuma gwamnoni sun yi maza sun shirya zaɓe ta hukumomin zaɓensu na jiha, jam'iyyar gwamna ta kwashe kusan kowace kujera, aka kuma daɗe ana jan ƙafa a kan biyan kai tsayen. Abin da aka bari a karkace lokacin rubuta kundi, alƙali ba ya iya miƙe shi gaba ɗaya.

Sai maganar wanda ke naɗa alƙalan, wadda na fi son masu kiran tarayya su tsaya a kanta. A Nijeriya shugaban ƙasa ne ke naɗa alƙalan Kotun Ƙoli bisa shawarar majalisar shari'a ta ƙasa, majalisar dattawa ta amince. Gwamnatocin jihohi ba su da hannu. Jamus ta bi wata hanya: kotun tsarin mulkinta da ke Karlsruhe tana da alƙalai 16, rabi majalisar wakilai ke zaɓa, rabi majalisar da gwamnatocin jihohi ke zaune a ciki, kowanne da rinjayen kashi biyu cikin uku, wa'adi ɗaya na shekara 12 ba sabuntawa. Alƙalin da ba ya neman a sake naɗa shi ba ya da wanda zai yi wa fadanci. Kotun nan ce a 1961 ta hana shugaban gwamnati Adenauer kafa gidan talabijin na tarayya, ta ce harkar watsa shirye-shirye ta jihohi ce. Indiya kuwa gwamnatin tsakiya ta daɗe tana rusa gwamnatocin jihohin adawa da sunan dokar ta-ɓaci, har sai da Kotun Ƙoli a shari'ar Bommai ta 1994 ta ce tana da ikon duba dalilin rusawar, kuma a zauren majalisar jiha ake gwada ko gwamnati na da rinjaye. Daga nan abin ya ragu ƙwarai.

Habasha ce ta zaɓi kada ta ba kotu wannan aikin. Kundinta na 1995 ya ɗora fassarar tsarin mulki a kan majalisar tarayyar ƙabilu, wato 'yan siyasa. A 2020 majalisar ta amince a ɗage zaɓe a tsawaita wa'adin gwamnati, yankin Tigray ya ce bai yarda da mai hukuncin ba, ya yi nasa zaɓen a Satumba, a Nuwamba yaƙi ya ɓarke. Yaƙin yana da dalilai da yawa da suka girmi wannan, amma babu wani zaure da ɓangarorin biyu suka yarda su je su tsaya a gabansa.

Mu ma muna da namu tarihin, ba sai mun ara ba. A 2009 kotun tsarin mulki ƙarƙashin Salifou Fatimata Bazeye ta ce ƙuri'ar raba-gardamar tazarce ta saɓa wa kundi. Shugaba Tandja ya rusa majalisar dokoki a watan Mayu, ya rusa kotun a ƙarshen Yuni, aka yi ƙuri'ar ranar 4 ga Agusta, ranar 18 ga Fabrairun 2010 sojoji suka karɓi mulki. Alƙalan sun yi nasu aikin, abin da aka rasa shi ne katangar da za ta hana a taɓa su. Kundin 2010, wanda aka dakatar a 2023, ya yi ƙoƙari a nan: alƙalai bakwai, wa'adi ɗaya na shekara shida, shugaban ƙasa kujera ɗaya kawai yake ba da sunan mai ita, majalisa ɗaya, sauran biyar alƙalai da lauyoyi da malaman shari'a na jami'a da ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan Adam ne ke zaɓo su daga cikinsu. Tushe ne mai kyau, amma an gina shi ne don ƙasa dunƙulalliya, babu kujerar jahohi a ciki.

Don haka duk wanda ya zo mana da maganar tarayya, ta cikin gida ce ko ta ƙasashe uku, 'yan'uwa a nemi ya nuna babin kotu tukuna. A ga ko jaha da ƙaramar hukuma suna iya shigar da ƙara da kansu ba sai wani ya ɗauke su a baya ba. A ga ko jahohi na da hannu wajen zaɓen alƙalai, kuma ko kasafin kotun yana fita kai tsaye daga baitulmali ba sai ministan kuɗi ya ga dama ba. A sa wa'adin kwanaki na yanke hukunci a rikicin kuɗi, domin jahar da aka riƙe wa kaso wata shida, malamanta da ma'aikatan asibitinta ne ke kwana da yunwa. A kuma rubuta ƙarara abin da zai sami jami'in da ya ƙi bin hukunci, da sunan hukumar da za ta tilasta masa, wadda ba shi ke naɗa shugabanta ba. Ita AES a yanzu haɗaka ce, kowace ƙasa na riƙe da cikakken ikonta, shugabanni uku suna iya zama su sasanta. Ranar da aka haɗa kuɗi ɗaya da duwan ɗaya, ɗan kasuwar Maraɗi da aka tsare wa mota a Kantchari ta Burkina Faso bisa wata doka ta Wagadugu yana buƙatar ya san a wace kotu zai kai ƙara, da wane harshe za a saurare shi, kuma ko hukuncin da ya samo zai yi aiki a kan jami'in da ya tsare shi.