Wa ya sa hannu a takardar ɗaukar malamin?

A watan Yulin 2017 Kotun Ƙolin Indiya ta rushe matakin da jihar Uttar Pradesh ta ɗauka na mayar da mutum sama da 170,000 cikakkun malaman firamare. Su ne ake kira Shiksha Mitra, waɗanda kwamitocin ƙauyuka suka ɗauka aikin kwantiragi saboda ƙarancin malamai a karkara. Sun shafe shekaru da alli a hannu, amma kotu ta ce daɗewa a aji ba ta maye gurbin sharuɗɗan da doka ta gindaya, ciki har da cin jarrabawar cancanta ta TET.

Ba a fita daga shekarar ba sai ga irin wannan dambarwa a Kaduna. Gwamnatin Nasir El-Rufai ta ba malaman firamare kusan 33,000 tambayoyin 'yan aji huɗu, 21,780 suka kasa kai maki 75 cikin ɗari. Ƙungiyar malamai ta NUT ta ce tantance malami hurumin hukumar rajistar malamai ta ƙasa (TRCN) ne, ta garzaya Kotun Ma'aikata, ta samo umarnin a dakata da korar, ta kuma tsunduma yajin aiki a Janairun 2018. Gwamnati ta yi gaban kanta.

Ba na kare malamin da bai iya haɗa jimla ba. Yaron da ya gama aji shida bai iya rubuta sunansa ba an cuce shi, kuma babu alƙalin da zai mayar masa da shekarunsa. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne mutum guda da ba a taɓa gani a gaban alƙali a irin waɗannan shari'o'i: wanda ya ɗauki malamin. Malami ba ya ɗaukar kansa aiki. Akwai sakataren ilimi da ya karɓi takardunsa, akwai jami'in da ya ga babu takardar shaidar malanta ta NCE, ko ya ga ta jabu ce, ya kau da kai, akwai ɗan siyasar da ya aiko da sunaye a guntuwar takarda ya ce a saka. In gaskiya ta yi halinta sai a kori na ƙasa, su kuma su ci gaba da zama a ofis, har a damƙa musu ɗaukar sababbi. A Kadunan ma, cikin waɗanda aka ɗauka don cike gurbi, an sake sallamar sama da 4,000 a 2018 bisa rashin cancanta. Wa ya tantance su?

Sannan makarantar ƙauye ce ke shan ukuba. Ta birni in ta rasa malami uku akwai saura. Ta ƙauye wataƙila ukun su ne duka, har da hedimasta. Shari'a kuwa sai ta yi shekaru ana ɗagewa. Sabon malami mai takarda da aka turo daga nesa, kafin zangon karatu ya ƙare ya fara bin manya a mayar da shi gari.

Kotun Indiya aƙalla ta bar ƙofa a buɗe: ta ba mutanen dama sau biyu su shiga gasar ɗaukar aiki in sun cika sharuɗɗa, a kuma duba shekarun da suka yi. Wannan ya fi kora a rana guda. Amma ni da za a tambaye ni, duk ƙarar da aka shigar kan cancantar malami, a haɗa da fayil ɗin ɗaukarsa, a kira wanda ya sa hannu ya zo ya yi bayani da bakinsa.