Tetris ya fi wasannin da ke wayarku

Jama'a, wanda zai ji haushi ya ji: duk wasannin da suka cika wayoyinmu a yau, masu hoto tangaran da cin data, ban ga wanda ya kama ƙafar Tetris ba. E, wannan dai na tubalan da ke faɗowa daga sama. Wanda ya tashi a shekarun 1990 ya san shi ko da bai san sunansa ba, domin shi ne a cikin ɗan akwatin robar nan mai batir biyu, Brick Game, wanda ake rubuta wa 9999 a goshi alhali wasannin ciki ba su fi a ƙirga da yatsu ba.

A Mosko aka haife shi, shekarar 1984, zamanin Tarayyar Sobiyet. Alexey Pajitnov yana aiki a cibiyar kwamfuta ta Hukumar Kimiyya ta ƙasar, kuma na'urar da ke gabansa, Electronika 60, ko hoto ba ta iya nunawa, sai haruffa da lambobi. Da alamomin rubutu ya haɗa tubalan. Akwai wani tsohon wasan wasa ƙwaƙwalwa da yake so, na tubala guda 12, kowanne mai gida biyar, a jera su cikin akwati. Ya ga 12 sun yi yawa ga mutumin da abu ke faɗo masa, sai ya rage gidajen zuwa huɗu, siffofin suka koma bakwai. Da ya fara gwadawa, nan da nan allon ya cika, wasa ya ƙare. Shi ne ya ce to duk layin da ya cika ya ɓace. Wannan dabarar da ƙuncin allo ya tilasta masa ita ce ruhin wasan gaba ɗaya.

Abin da nake son a lura da shi ke nan. Rashi ne ya gyara wasan. Mutumin ba shi da kala, ba shi da kiɗa, ba shi da wurin ɓoye kasawa. In wasan bai yi daɗi a karan kansa ba, babu kwalliyar da za ta rufa masa asiri.

Daga baya wani matashi ɗan shekara 16, Vadim Gerasimov, ya mayar da shi kan kwamfutar IBM PC, aka samu kala. Ya yi ta yawo hannu zuwa hannu a faifan kwamfuta har ya tsallaka Hangari, inda wani ɗan kasuwa daga Ingila, Robert Stein, ya gan shi. Zuwa 1988 kamfanin Mirrorsoft a Ingila da Spectrum HoloByte a Amurka suna sayar da shi. Ya shiga kwamfutocin gida na lokacin, su Commodore 64 da ZX Spectrum, waɗanda ake jona wa talabijin, a saka kaset irin na rediyo a zauna ana jira wasa ya hau. Ƙwaƙwalwar Commodore 64 kilobait 64 ce kacal. Hoto ɗaya da za ka ɗauka da wayarka yanzu ya ninka haka sau da yawa.

Filin wasan yana da faɗin gida 10, tsayin gida 20. Duk wanda ya ɗan goge yana barin rami ɗaya a gefen dama, ya yi ta gina sauran yana jiran doguwar sandar nan ta zo ya share layi huɗu a bugu guda. Sandar kuwa sai ta ƙi zuwa. Masu lanƙwasa biyun nan da ba sa zama lafiya a ko'ina su yi ta zubowa, gini yana hawa, yatsa yana rawa. Ka yi gaggawa ka toshe rami ɗaya, shi ke nan, ka ci bashi, sai ka share layukan da ke kansa kafin ka kai gare shi. Aikin yaran lodi ne a tashar mota: buhun da aka miƙo maka shi za ka nema wa wuri, ba wanda ranka ke so ba.

Yanzu buɗe wasan da ɗanka ya sauke jiya. Kafin ya yi minti biyu talla ta fito. Ya faɗi, a ce ransa ya ƙare, ko ya jira ko ya biya. Ga wata ƙafar sa'a da ake juyawa a ci kyauta, wadda ni dai ban ga bambancinta da koyon caca ba. An ƙera irin waɗannan ne don a gaji da kai har ka zaro kuɗi, shi ya sa ake tsananta matakin da gangan. Tetris ma yana tsananta, amma gudu kawai yake ƙarawa, kuma dokar da ta hau kanka ita ta hau kan kowa.

Na san za a ce ai shi ma yana cinye lokaci. Gaskiya ne, ba zan wanke shi ba. Mutane sun sha ba da labarin rufe ido su ga tubala na saukowa, kuma wanda ya biye masa sai ya ji kiran la'asar bai yi azahar ba. Sai dai lokacinka yake ci, ba ya laluben aljihunka, ba ya kuma turo maka saƙo cikin dare wai ka dawo.

Abin takaici a tarihin shi ne mai wasan ya daɗe bai ga ko kwabo ba. Haƙƙin yana hannun hukuma, kamfanin gwamnati mai suna Elorg ne ke sa hannu a yarjejeniya. Kamfanin Nintendo ya saka shi a Game Boy, 'yar na'urar wasansa ta hannu, a 1989, aka sayar da fiye da miliyan 30, shi kuwa yana kan albashinsa. Sai a 1996, bayan ya koma Amurka, suka kafa kamfani shi da wani ɗan kasuwa, Henk Rogers, sannan kuɗi suka fara shigo masa.

Kuma har yau ana buga shi da gaske, har gasar duniya ake yi a kan tsohon samfurin Nintendo na 1989, na na'urar da ake jona wa talabijin. A Disambar 2023 wani yaro ɗan shekara 13 a jihar Oklahoma ya buga wannan samfurin har mataki na 157, inda lissafin na'urar ya rikice, allo ya daskare. Waɗanda suka rubuta shi ba su tanadi komai a wurin ba, don ba su zaci ɗan Adam zai kai can da yatsunsa ba.