Marie-Josèphe Yoyotte ta fi ƙarfin layi ɗaya

Wani labari kan fim ya ce daraktoci ne suka sauya fuskar fim a Faransa, edita Marie-Josèphe Yoyotte kuwa layi ɗaya kacal aka ba ta. Gaskiya an tauye mata haƙƙi. Ita ta haɗa fim ɗin Les Quatre Cents Coups na darakta Truffaut a 1959, da hannunta kuma a fim ɗin Moi, un noir na darakta Jean Rouch, inda Oumarou Ganda ɗan Nijar ya fito. A Abidjan aka ɗauki Moi, un noir ba sauti, daga baya Ganda ya ɗora muryarsa. A wancan zamanin da hannu ake yanka zaren fim, a liƙa gutsure da gutsure. Lambar César, ta yabon fina-finan Faransa, uku ta ci. Ku masu cewa edita yaron darakta ne, kun taɓa zama ɗakin haɗa fim?