Cikina Ya Riga Ni Zama Jarumi

Da abokina ya ce in zo in taya shi aikin fim, har wanki da guga na yi, a zatona fuskata za ta shiga duniya. Ina isa ya miƙo mini wata doguwar sanda mai makirufo a baki, ya ce in ɗaga ta sama in koma bayan kyamara. Jarumin fim ɗin kuwa wani tsohon bango ne. Wai inuwar da ke rarrafe a jikinsa za mu ɗauka.

Irin nasu aikin ke nan, dokumentarin gwaji: ba hira, ba kiɗa, ba mai ba da labari. Da na tambaya wa zai zauna kallon bango, sai ya galla mini harara.

"Kai mutumina, a 1964 Andy Warhol ya kafa wa benen Empire State na New York kyamara, fim ɗin ya fi awa takwas. James Benning kuma sararin sama ya ɗauka kashi goma, kowanne kusan minti goma."

Na ce Allah ya ba masu kallo haƙuri.

Ga shi ba ya shiri da dijital. Zaren fim mai faɗin milimita 16 yake sawa, naɗi ɗaya ƙafa 400, cikin kusan minti 11 ya ƙare. Ba gogewa, kuma sai an wanke ake ganin abin da aka ɗauka. Don haka ya ja mini kunne: ko tari ban da shi.

Aka fara. Ba a jima ba hannuwana suka hau kyarma, wani ƙuda ya sauka a karan hancina yana ta wanke hannu abinsa. Duk na daure. Sai cikina, da na fito ban ba shi haƙƙinsa ba, ya saki wani dogon ƙugi mai hawa da sauka, har da ɗan ƙaramin tsaki a ƙarshe. Darakta na sanye da abin sauraro a kunne, makirufon nan kuwa ko tafiyar tururuwa ba ya bari. Ya waiwayo, ido waje. Na ce shi ke nan, kashina ya bushe.

Yana kashe kyamara sai ya rungume ni, wai abin da fim ɗin ya rasa ke nan.

Ranar da aka haska shi, ɗaki ya yi tsit, cikina na ruri ta manyan lasifikoki. Da aka gama wata mai tabarau ta miƙe ta tambayi ma'anar wannan rugugi. Gogan naka ko kunya babu, ya ce kukan bangon ne, yana tuna shekarun da ya yi a tsaye. Aka ɗau tafi raf-raf. Ni ma na tafa, to ya zan yi?

Jiya ya kira ni, wai sabon fim zai yi a kan wata ƙofa, in zo da sassafe kuma kada in ci komai tun dare. Na tambayi kuɗin aiki, ya ce shi ma ana kan gwaji.