An wanke wanda ake zargi, to sai a naɗe tabarma?

Abin da yake ci min tuwo a ƙwarya game da mutanenmu na Makka da Jidda shi ne saurin da muke yi mu naɗe tabarma da zarar alƙali ya ce wanda ake tuhuma da kisa ba shi da laifi. An kashe maka ƙani, an yi ta zarya mahkama, wato kotu, ranar hukunci aka ce hujja ba ta isa ba a sallame shi, kafin magariba dattawan unguwa sun cika falo suna cewa Alhaji ka bar wa Allah. Haƙuri abu ne mai kyau wallahi, amma ɗaukaka ƙara ba ja da ƙaddara ba ne, haƙƙi ne da dokar Saudiyya ta ba magada, kuma kwana 30 ne kacal, in suka wuce hukunci ya zauna daram.

Inda ake yawan yin kuskure shi ne a ɗauka Niyaba, wato ofishin masu gabatar da ƙara na gwamnati, za ta yi komai. Niyaba haƙƙin hukuma take bi. Neman ƙisasi ko diyya ko yin afuwa kuwa na masu jini ne, in ba ku rubuta isti'inafinku, wato takardar ɗaukaka ƙara, ba kada ku zauna jiran wani ya rubuta muku.

Masu cewa ai kotun sama ba ta taɓa juya hukunci su tuna da ƙugiyar da ta faɗo a Harami ranar 11 ga Satumba 2015, mutum sama da 100 suka rasu har da alhazan Najeriya. E na sani wannan sakaci ne ba kisan ganganci ba, amma ku dubi tafiyar shari'ar. A 2017 kotu ta wanke waɗanda ake tuhuma, aka ɗaukaka ƙara aka soke hukuncin, a 2020 aka sake wanke su, kotun ɗaukaka ƙara ma ta amince, kowa ya ce magana ta mutu, sai Kotun Ƙoli ta rushe komai a 2022 ta ce a sake, a 2023 aka kama kamfanin Binladin da laifin sakaci aka ci shi tarar riyal miliyan 20. Da tun wankewar farko aka ce a bar wa Allah fa?

Ba wai ban ga hujjar ɗaya ɓangaren ba ne. A Amurka in kotu ta wanke mutum gwamnati ba ta da ikon sake gurfanar da shi kan wannan laifin, shi ya sa da aka wanke O.J. Simpson daga tuhumar kisa a 1995 iyalan mamatan sai ƙarar neman diyya suka bi suka ci a 1997. Dalilinsu shi ne hukuma tana da kuɗi da lauyoyi da 'yan sanda, in aka sakar mata mara za ta yi ta jan talaka kotu har ya gaji. Wannan magana ce mai nauyi, mu ma mun ga irinta a gida, Hamza Al-Mustapha ya shafe sama da shekara 14 a tsare, aka yanke masa hukuncin kisa a 2012 kan kisan Kudirat Abiola, kotun ɗaukaka ƙara ta wanke shi a 2013, gwamnatin Legas ta nufi Kotun Ƙoli maganar ta yi ta jan ƙafa shekara da shekaru. Ko me kake tunani a kansa, barin mutum a rataye haka ba tsari ba ne. Amma maganin wannan a sa wa'adi ne ba a toshe ƙofar ba. Ingila ma da ta daɗe kan tsari irin na Amurka ta sassauta a dokar 2003, shi ne aka iya sake gurfanar da Gary Dobson aka ɗaure shi a 2012 kan kisan Stephen Lawrence bayan an wanke shi tun 1996.

Sai dai mu gaya wa kanmu gaskiya, sau da yawa ba alƙali ne ya kayar da mu ba, mu ne. Alƙali ba zai zubar da jinin mutum a kan shubuha ba, kuma daidai ya yi. Wanda ya ga abin da idonsa yana nan a unguwar Karantina ko Hindawiyya, kowa ya san shi, amma ba shi da iƙama, wato takardar izinin zama, yana ganin in ya taka ofishin shurɗa, wato 'yan sanda, daga can sai tarhil, a tasa ƙeyarsa gida, sai ya yi gum, matarsa ma ta ce kul ka saka kanka. To in ka ɗauki fayil ɗin nan da ba shaida ka kai kotun sama me kake so su gani a ciki? Wannan aikin shugabannin al'umma ne da ƙaramin ofishin jakadancinmu na Jidda, su nemi muhami, wato lauya, tun farko ya bincika yadda shaida zai yi magana, ba sai zaman makoki za a gan su ba.

Sannan ga takardu. Yawancin magada suna Kano ko Zinder, sai an fitar da takardar tantance magada, an yi wakala, an fassara zuwa Larabci an buga mata hatimai kala-kala kafin wani a nan ya iya tsayawa da sunansu. Wanda ya jira sai ranar da aka karanta hukunci sannan ya fara kiran gida a nemo masa kawu a ƙauye ya sa hannu, kwana 30 ɗin nan za su ƙare takarda ba ta baro Abuja ba.